Agogon Da Ke Jiran Jana'iza

"Léonie! Mayar da farantin nan inda kika ɗauko shi. Mai tsagar can za ki ajiye masa, shi ne daidai da shi."

Léonie ta yi kamar ba ta ji ba. Ta goge farantin mai zanen furanni, ta ajiye shi a ƙarshen tebur, ta gyara cokalin da ke gefensa. Goggo Philomène, yayar babanta, tana zaune bakin murhu tana feren dankali. Ta taɓe baki.

"Ku ji mini yarinya! Gari cike da samari, da gurgu da mai ido ɗaya duk namu ne, amma ke sai Bajamushe. Ko sunan ma babu daɗin faɗa. Alo... Alo me?"

"Alois, Goggo."

"Kamar mutum yana buga waya."

"Goggo, don Allah. Yau kaɗai."

Alois Wehrle ya zo ƙauyen Belfaing ne a bayan lori, cikin fursunonin yaƙin da aka raba wa wurin tsaga katako. Da aka sallame su kowa ya kama hanyar gida, shi ya zauna. Ubansa maƙerin agogo ne a wani ƙauye da ke ƙetaren kogin Rhin, don haka da Fada Anselme, limamin ƙauyen, ya rasa mai taɓa agogon cocin da ya mutu tun ranar da aka yi wa garin ruwan wuta, Alois ne ya hau. Ranar da agogon ya tashi Léonie tana jera furanni a gaban bagadi, teburin ibada na cocin. Ta ga wani dogon saurayi ya sauko daga hasumiya, yanar gizo-gizo a gashinsa, ya cire hula ya raɓe jikin bango don ta wuce, alhali hanyar ta isa mutum uku. Ba ta wuce ba. Ta ce masa akwai gizo-gizo a kansa. Daga nan abin ya fara, a hankali, a bakin ƙofar coci, a idon kowa.

Fada Anselme ya daɗe yana zarya gidan Thiriet, wato gidan su Léonie, kafin Baba Firmin ya ce, "Cin abinci sau ɗaya. Ban yi alkawarin komai ba."

Mama Ernestine ba ta ce e ba, ba ta ce a'a ba. Dama ta rage magana tun shekarar da sojojin Jamus suka kwashe mazan ƙauyen zuwa aikin tilas, har da Lucien, wan Léonie. Waɗanda ke da sauran kwana sun dawo kamar ƙirare. Ɗaya daga cikinsu ne ya tsaya a wannan ɗakin da tsakar rana, ya ce zazzaɓi ya ɗauke Lucien a wani sansani, kuma bai san inda aka kai gawar ba. Mama ba ta yi kuka ba. Ta tashi ta buɗe ƙofar dogon agogon da ke tsaye a kusurwa, ta sa hannu ta kama farantin tagullar da ke lilo a cikinsa. Haka ake yi a kowane gida in an yi mutuwa: a tsayar da agogo, sai an dawo daga maƙabarta a tashe shi. To su ba su je maƙabarta ba. Agogon ya tsaya a ƙarfe ɗaya saura ƙiris, ya yi shekaru a haka, dogo, baƙi, kamar akwatin gawa da aka jingine a bango. Léonie ta saba da shi har ta daina ganinsa. Shi ya sa duk abin da ta karanta wa Alois, kada ya yi maganar yaƙi, kada ya ƙi ƙarin miya, kada ya biye wa Goggo, ba ta tuna ta ambaci agogon ba.

Ya iso cikin kwat ɗin aro, hannun rigar bai kai wuyan hannunsa ba. Ya gaida Baba, Baba ya gyaɗa kai. Ya gaida Mama, ta dubi takalminsa. Goggo ta ƙare masa kallo ta ce, "A, ashe suna wanka."

Baba ya sauka ɗakin ƙasa ɗauko kwalbar ruwan inabi. Mata suka shiga kicin kwaso farfesun zomo. Aka bar baƙo shi kaɗai.

Léonie tana riƙe da burodi ta ji shi.

Tak. Tak. Tak.

Da farko ta ɗauka bugun zuciyarta ne. Sai ta ga Mama ta sandare a bakin ƙofa da kwanon miya a hannu. Alois yana durƙushe gaban agogon, ƙofarsa a buɗe, ya waiwayo da murmushin yaron da ya yi abin kirki.

"Lafiyarsa lau, Madam," ya ce da Faransancinsa mai nauyi. "Ba abin da ya karye. Turawa kawai yake so..."

Agogon ya yi wani gurnani daga ciki, kamar tsoho yana gyaran murya. Sannan ya buga. Sau ɗaya. Bugun da ya haɗiye tun ranar da aka kawo labari.

Kwanon ya tarwatse a ƙasa.

"Wa ya binne mini ɗa?" Muryar Mama ta fito siririya, ba irin tata ba. "Firmin! Wa ya binne mini ɗa ban sani ba?"

"Maryamu Mai Tsarki, ki cece mu!" Goggo ta yi alamar gicciye. "Su suka kashe shi, su kuma za su rufe shi!"

Baba ya hauro a guje. Ya dubi agogon, ya dubi matarsa, ya dubi Alois da jini ya gudu daga fuskarsa. Bai ɗaga murya ba. Ya buɗe ƙofar waje ya riƙe.

"Fita."

"Baba, bai sani ba! Laifina ne, ni ce ban gaya masa..."

"Ke kuma, daga yau in na ji kin yi magana da shi, kada ki ƙara kirana Baba. Na rasa ɗa, na san yadda ake rasawa."

Mama ta taka cikin miyar da fasassun tangaran, ta sa hannu ta sake kama lilon. Ɗakin ya yi tsit.

Washegari Léonie ta roƙi Baba izinin magana ɗaya, ta sallama, a gaban Fada. Ya ɗaga mata hannu kamar mai korar ƙuda. Ta sami Alois a gindin matakalar hasumiya, idanunsa jajur.

"A garinmu ma ana tsayarwa," ya ce. "Na san al'adar, Léonie. Amma 'yan kwanaki ne, a yi jana'iza a tayar. Na ga ƙura a kan sarƙar, ƙurar shekaru. Ban taɓa zaton... Na so in yi wa gidanku abu ɗaya mai kyau. Ba ni da abin da na iya sai wannan."

"Na sani."

"Mu tafi birni. Akwai shagon da zai ɗauke ni. A can ba wanda zai tambayi inda na fito."

Ta daɗe tana kallon hannayensa. Ta san in ta ƙara kallon fuskarsa za ta ce to.

"Mutanenku sun ɗauke wa Mama ɗa ɗaya, Alois. Kana so a ce kai ka ɗauke na biyun? Ba zan bi ka ta taga ba. Ta ƙofa zan fita, da hannun Baba a kafaɗata, ko kuwa in tsufa a gidan nan kamar Goggo."

"Har da irin bakinta?"

Dariya ta kufce mata tare da hawaye. "Har da bakin."

"To zan jira. Aikina ke nan dama, zaman jiran lokaci."

Fada Anselme yana tsaye nesa kaɗan yana gyara kyandirori da hannunsa na hagu, don na daman yatsu biyu suka rage masa. Ya bar sauran a sansanin Jamusawa.

A ranar Baba ya cire lilon agogon gaba ɗaya, ya naɗe shi a tsohon bargo, ya kulle a akwatin da ke ƙarƙashin gado.

Amma ƙarar ba ta tafi ba.

Mama ce ta fara ji. Suna ɓarar wake da la'asar sai ta ɗaga yatsa. "Kun ji?" Ba wanda ya ji. Bayan 'yan makonni Léonie tana guga ita kaɗai, hazo ya sauko daga duwatsu ya rufe taga kamar an shafa madara, sai ga shi a bayanta: tak, tak, tak. Ta waiga. Ƙofar agogon a buɗe take kamar yadda Baba ya bar ta, cikinsa wayam, ba abin da ke motsi. Ta matsa kusa, ƙarar ta koma bango. Ta kai kunne bango, ta koma ƙarƙashin daɓen ɗakin, kamar wani yana ƙwanƙwasa katako daga ƙasa da yatsa ɗaya, ba gaggawa, ba gajiya.

"Ƙwaron katako ne," in ji Baba. "Tsohon gida ne." Amma ya daina zama a ɗakin. Yana cin abinci a tsaye ya fice.

"Ƙwaro!" Goggo ta ja tsaki. "Yaron nan ne aka taso shi. An buga masa agogo, ya ɗauka an kira shi gida, ga shi bai san hanya ba. Ke kika jawo mana, da soyayyarki ta tsiya."

Bazara ta wuce, aka yanke ciyawa, aka tono dankali. Léonie tana ganin Alois ranar Lahadi kawai, a bencin ƙarshe inda ba mai zama kusa da shi. Ba ta taɓa yi masa magana ba. Sai dai duk sa'ad da agogon coci ya buga, takan tsaya da abin da take yi, don ta san hannun da ya gyara shi. Ɗan mai gidan burodi ya aiko neman aurenta, Goggo ta yi ta rawar kai, Léonie ta ce a gode masa.

Mama kuwa tana ta zubewa. Zobenta ya fara faɗowa daga yatsa. Ba ta fasa zuwa coci kullum safiya ba, ba ta fasa jan carbi da yamma ba, amma Léonie ta lura da wani abu da ta daɗe tana ji ba ta kula ba. Duk sa'ad da suka zo wurin da ake roƙon Ubangiji Ya yafe mana kamar yadda muke yafe wa waɗanda suka cuce mu, sai muryar Mama ta ɗauke. Takan rufe baki har a wuce wurin, sannan ta ci gaba. Kuma a cikin wannan ɗan shirun ne ƙarar ta fi fitowa.

Da kaka ta yi nisa, Fada Anselme ya tsaya bayan wa'azi ya ce yana da sanarwa. Ya ce ranar tunawa da matattu za a yi baƙi: 'yan tsofaffin mata da wani limamin coci, Jamusawa daga ƙetaren kogi, za su zo su yi addu'a tare da mutanen Belfaing.

Cocin ya ɗauki guna-guni. Mutane suka fara miƙewa. Baba Firmin ya tare Fada a bakin ƙofa, Léonie tana bayansa.

"Fada, da girmanka! Kai da suka yanke wa yatsu?"

"Ni ɗin dai, Firmin." Fada ya ɗaga guntun hannun. "Ka san wa ya ɗaure mini shi? Wani limaminsu, shi ma fursuna, da ya yage rigarsa. Da hannunsa nake ɗaga ƙoƙon ibada har na warke. Kullum ina tsayawa a gabanku in ce Uba ɗaya gare mu. In ƙarya nake yi, gaya mini in rufe cocin mu huta."

"Ba su da kabari a nan da za su ziyarta."

Fada ya dube shi ido cikin ido. "Ka tabbata?"

Baba ya sa hularsa ya wuce.

Ranar ta zo da hazo mai kauri, irin wanda mutum ba ya ganin ƙarshen hannunsa. Kowane gida ya fito da tukwanen furannin kaka, farare da rawaya, waɗanda ba a kai wa mai rai. Mutane suna tafe kamar inuwoyi, ba ka jin komai sai takun takalman katako. A bakin maƙabarta kowa ya nufi nasa. Mama kuwa ta yi abin da take yi kowace shekara: ta tsaya jikin katanga rungume da tukunyarta, don ba ta da inda za ta ajiye. In an watse takan koma da ita gida, furannin su bushe a kan taga.

Goggo ce ta fara gani. Ta damƙi hannun Léonie har farcenta ya shige.

"Wuta... Léonie, wuta a bayan katanga!"

Wani ɗan jan haske ne, ƙasa-ƙasa, yana motsi a cikin hazo, a wajen da ba kowa ke zuwa ba, inda ake zubar da busassun furanni. Kuma daga wajen ana jin wani sauti, a hankali, ba gaggawa: tak, tak, tak.

"Shi ne! Ya iso!" Goggo ta durƙushe tana salati irin nasu, tana kiran sunayen tsarkaka a jere.

Mama ba ta ji tsoro ba. Ta bi jikin katanga ta nufi hasken kamar mai tafiya cikin barci. Léonie ta bi ta. Baba ya biyo su.

Wata tsohuwa ce, ƙarama, cikin baƙaƙen kaya, durƙushe a kan wani tudun ƙasa da ciyawa mai ƙaiƙayi ta cinye. Ta kunna kyandir a cikin jar kwalba, irin yadda ake yi a ƙasarsu. Hannayenta sun kumbura da cirar ciyawa. Tana riƙe da dutse tana buga wani ɗan gicciyen katako don ya shiga ƙasa. Alois yana tsaye a gefenta riƙe da hula. Da ya ga Baba sai ya ja da baya.

Léonie ta tuna. Tun bayan yaƙi ake hana yara zuwa nan. Wani sojan Jamus ne da aka tsinta a bakin rafi bayan rundunarsu ta gudu, ba suna, ba takarda.

"Wace ce wannan?" Mama ta tambaya. Wannan ne karo na farko da ta dubi fuskar Alois.

"Mahaifiyata ce, Madam. Rosina."

"Ɗanta ne a nan?"

Alois ya juya ya yi wa tsohuwar magana da harshensu. Ta girgiza kai, ta amsa ba tare da ta ajiye dutsen ba, shi kuma yana mayarwa da Faransanci.

"Ta ce ba ta sani ba. Wana Severin ya ɓace a ƙasar nan, ba a gaya mana inda ya faɗi ba. Ta ce wataƙila shi ne, wataƙila ɗan wata ne."

"To me ya kawo ta kan kabarin ɗan wata?"

Tsohuwar ta yi magana mai tsawo. Alois ya fassara.

"Ta ce a ƙauyenmu ma akwai irin wannan, a bayan katanga. Wani Bafaranshe ne cikin waɗanda aka kawo aikin tilas. Ba wanda ya san sunansa. Ta ce da labarin Severin ya zo, ta daina iya addu'a, ta je ta gaya wa limaminmu. Bai yi mata wa'azi ba. Ya kama hannunta ya kai ta wurin, ya ce, ga wani da uwarsa ke nema. Tun ranar ita ke share shi. Maƙwabta sun daina gaishe ta na wani lokaci. Ta ce takan ce wa Allah: na riƙe Maka wannan, Ka sa wata ta riƙe mini nawa."

Mama ta matso kusa da Alois.

"Dogo ne? Yana da tabo a gira, nan, inda doki ya harbe shi? Tambaye ta!"

Léonie ta rufe ido. Ta roƙi Allah a ranta tsohuwar ta ce e, ko da ƙarya ne.

"Ta ce ba ta ga fuskarsa ba, Madam. A rufe aka kawo shi. Ta ce ba za ta yi miki ƙarya a kan kabari ba."

Hazon yana ɗiga daga rassan itatuwa.

"Me take sa masa?" Mama ta ce can ƙasa-ƙasa.

Tsohuwar ta ɗago, ta nuna da hannuwanta, kamar mai shimfiɗa wa yaro bargo.

"Da bazara furanni. In sanyi ya kusa, takan sare rassa masu ganye daga daji ta lulluɓe shi duka, kafin ƙanƙara ta sauko. Ta ce... ta ce ɗan kudu ne a ganinta, kada sanyin ƙasarmu ya dame shi."

Wani sauti ya fito daga ƙirjin Mama, irin wanda Léonie ba ta taɓa ji ba.

"Lucien ba ya son sanyi," ta ce. "Da safa biyu yake kwana. Firmin, ka tuna? Har da rani!"

Ta zube a kan gwiwoyinta cikin ciyawar. Kukan da ta riƙe tun ranar da ta kama lilon agogo ya ɓalle gaba ɗaya. Tsohuwar ta ajiye dutsen ta rungumo ta, ba mai jin harshen wata, suna ta jijjiga kamar masu rarrashin jariri ɗaya.

Mutane sun taru a bakin katanga, Fada Anselme a gabansu da baƙon limamin. Baba Firmin ya cire hula. Ya daɗe yana murza ta.

"Ni na haƙa ramin nan," ya ce, ba da kowa yake ba. "Yaro ne. Ko gemu bai fara ba. Ba wanda ya yi masa addu'a."

Mama ta share fuska da bayan hannu. Ta ajiye tukunyar furannin a gefen jar kwalbar, ta danna ta cikin ƙasa don kada iska ta ture.

"Fada, ka zo da littafinka? Yi masa jana'iza. Yi musu su duka, da wannan, da na can, da nata, da nawa. Na gaji."

Limaman biyu suka tsaya kafaɗa da kafaɗa suka karanta. Da aka zo addu'ar da kowa ya haddace, Faransawa suka ɗauka da harshensu, tsofaffin baƙin suka ɗauka da nasu, kalmomin daban, numfashin ɗaya. Léonie ba ta yi addu'ar ba, kunnenta na kan bakin Mama. Aka matso wurin maganar yafiya. Muryar Mama ta yi rawa, ta tsaya kamar za ta ɗauke, sannan ta faɗe shi, kalma bayan kalma, kamar mai taka ƙanƙarar da ba ta tabbata za ta ɗauke ta ba. Ta damƙi ƙasa ta watsa a kan tudun. Rosina ma ta watsa. Baba ya karɓi dutsen ya ƙarasa kafa gicciyen da bugu biyu.

Da suka shiga gida Léonie ta tsaya a tsakar ɗaki ta kasa kunne. Ba komai. Ba a bango, ba a ƙasa. Goggo ma ta karkata kai ta saurara, ta yi alamar gicciye.

"Firmin, ɗauko abin nan," in ji Mama. "An dawo daga maƙabarta."

Baba ya jawo akwatin, ya warware bargon. Ya durƙusa gaban agogon yana laluben ƙugiyar da ake rataye lilon, ya gwada, ya sake gwadawa, abin ya ƙi. Ya zauna a kan dugadugansa yana huci.

"Léonie."

"Na'am, Baba."

"Yaron nan... yana waje?"

"Ban sani ba, Baba. Ka hana ni yi masa magana."

Goggo ta leƙa taga. "Yana bakin shinge shi da uwar, sun jiƙe sharkaf kamar kaji. Wallahi in ya mutu a ƙofarmu ba mai sake tsayar mini da agogo."

"To je ki yi masa magana," in ji Baba. "Ki ce ya shigo ta ƙofa."

Alois ya rataye lilon da taɓawa ɗaya. Ya ja sarƙoƙin, ya gyara hannayen agogon daidai da na coci. Sannan ya janye hannunsa, ya koma baya har jikin bango, ya sunkuyar da kai. Wannan karon bai tura ba.

Mama ta matso. Ta sa yatsa ɗaya ta tura farantin tagullar.

Tak. Tak. Tak.

Ta tsaya tana saurare, ta gyaɗa kai kamar wadda aka ba amsa. Ta juya ta dubi tebur.

"Philomène, sa faranti biyu. Masu furannin."

An ɗaura auren Léonie da Alois bayan narkewar ƙanƙara. Ta fita ta ƙofar gidansu, hannun Baba a kafaɗarta, kamar yadda ta ce. Wasu gidajen ba su zo ba, wasu sun zo sun tsaya daga baya. Goggo Philomène ta yi kuka fiye da kowa, ta ce hayaƙin kyandir ne.

Har yau ba wanda ya san inda Lucien yake kwance, ko Severin. Amma kowace kaka, kafin sanyi ya sauko, akan ga Mama Ernestine ta fito daga daji da rassa a rungume ta nufi bayan katanga, ta san kuma a ƙetaren kogi wata tsohuwa tana yin haka a ranar.

Da Léonie ta bi son ranta ta gudu, da ta sami miji ta bar uwa a ɗaki da agogon da ba ya motsi. Ta yi haƙuri, Allah Ya ba ta duka biyun. Wanda kuma ya ƙi yafewa, ba maƙiyinsa yake tsayar wa lokaci ba, kansa yake tsayar wa. Yafiya ba ta dawo wa Mama da ɗanta ba. Ta ba ta inda za ta ajiye furanninta.